Turmi Uku: Nasiha ga Ƙannena na Ƙoƙi

Ƙoƙi ba unguwar 'yan dambe ba ce. Unguwar fatake ce da malamai, inda yaro ke tashi tsakanin allo da buhun kaya, kuma da wuya a sami uban da zai yi murna in aka ce masa an ga ɗansa ya ɗaure hannu a fili. Amma ku ƙannena, na san dambe ya shigo muku ta ƙofar da ba ta da mai gadi. Bayan isha'i in kun taru a dakali, wayar ɗayanku ce ke yawo hannu-hannu, ana kallon yadda wani ƙato ya sami wani a muƙamuƙi ya zube warwas, a mayar baya a sake kallo, a kwashe da ihu. Ɗan guntun hoto ne. An yanke abin da ya gabace shi, an yanke abin da ya biyo baya, an bar muku naushin tsurarsa. To, a cikin abin da aka yanke ɗin nan darasin yake, kuma a kansa nake so mu yi magana.

Asalin dambe wasan mahauta ne. A da, in kaka ta yi, amfanin gona ya shiga rumbu, kuɗi sun shiga aljihun manoma, bukukuwa sun kankama, rundawa kan bi garuruwa da ƙauyuka suna yanka suna sayarwa. Da la'asar sakaliya ko da farin wata sai a buɗe fili, samarinsu su gwada ƙwanji da samarin garin da suka sauka. Shi ya sa har gobe kiɗan dambe kalangu ne, gangar mahauta. Daga baya wasan ya fita daga hannun rundawa kaɗai, ya koma gidaje masu ƙofa da kuɗin shiga, irin wanda ake yi a dandalin Ado Bayero a Sabon Gari ko a Dei-Dei ta Abuja, 'yan wasa kuma suka kasu ɓangare-ɓangare, Kudu da Arewa da Jamus da Guramada. Aka fara sa babur, aka kai ga sa mota. Duk da haka ƙa'idojin da suka riƙe wasan suna nan kusan yadda aka gaje su.

Hannu ɗaya ake ɗaurewa. A naɗe shi da ƙyalle, a bi shi da zare a ɗaure tamau, ɗayan kuma a miƙa shi gaba a buɗe, da shi ake kare kai, da shi ake auna tazara. Turmi uku ake yi. In hannun mutum ko gwiwarsa ta taɓa ƙasa, an yi kisa, magana ta ƙare. In turmi uku suka cika ba wanda ya je ƙasa, sai a ce babu kisa, a raba su, kowa ya koma cikin mutanensa.

Ku dubi tsarin nan da idon basira. Mutum biyu ne ke karawa, babu na uku. Kowa ya tuɓe, jama'a na gani babu wuƙa a ƙugunsa. Kowa da ƙafarsa ya shigo, ba janyo shi aka yi ba. Ba a bugun mutum ta ƙeya, ba a haɗa ɗan koyo da gwarzon da ya tsufa a fili. Babbar ƙa'ida kuwa ita ce, da zarar abokin karawarka ya kai ƙasa, hannunka ya haramta a kansa. Ka sa kanka a wurin. Jininka ya hau, kalangu na kiran sunanka, wataƙila mutumin nan ya fasa maka leɓe a turmin farko har yanzu kana tofar da jini, ga shi kwance a gabanka ba shi da kariya. Zuciya na ce maka ƙara masa ko ɗaya ne. Sai ka tsaya. Ba abin mamaki ba ne ma ka ga wanda ya yi kisan ya miƙa hannu ya tashe shi, ko su rungumi juna kafin kowa ya fita. Ni a ganina tsayawar nan ta fi naushin wuya nesa ba kusa ba, domin naushi kowane mai ƙarfi yana iya kai shi, har da jaki in ya yi harbi.

Malamanmu na zaure sun sha karanta mana hadisin da Buhari da Muslim suka ruwaito daga Abu Huraira, inda Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya nuna cewa mai ƙarfi na haƙiƙa shi ne wanda ke mallakar kansa lokacin fushi, ba gwanin kayar da mutane a kokawa ba. Ɗan damben da ya riƙe hannunsa a kan wanda ya faɗi, ko bai taɓa zama gaban malami ba, ya ɗanɗani wani abu na ma'anar wannan magana, da jikinsa ya koye ta.

Yanzu ku ɗora wannan a kan abin da muke gani a lungunan birni. Samari goma su tare mutum ɗaya. Cikin dare, ko da asubar fari, fuska a rufe. Wanda suka tare bai ce zai yi faɗa ba, ɗalibi ne yana dawowa daga makarantar dare, ko magidanci zai tafi masallaci, ko mace a cikin adaidaita sahu da waya a hannu. Ba turmi, ba alƙali, kuma in ya faɗi a lokacin ne ma sara ke farawa. Abin takaici, masu wannan aiki su ma jarumai suke kiran kansu, suna da kirarinsu, suna da ƙanana da ke kallonsu da sha'awa. Wasunku na san kun taɓa jin wani abu a ranku da kuka ga ana darewa ana ba wani ɗan daba hanya. Ku tambayi kanku, cikin ƙa'idojin nan da na lissafa, wacce ɗan daba zai yarda da ita? A ce masa ya ajiye wuƙa da barandami, ya tuɓe, ya sallami abokansa, ya tsaya da rana tsaka gaban tsaransa, iyayensa na kallo. Akasarinsu ba za su iya ba. Taron da ya tara da makamin da ya riƙe da ƙwayar da ya haɗiya, dukkansu maganin tsoro ne, tsoron da bai taɓa tsayawa ya dube shi ido da ido ba. Ƙarfin saurayi kamar wuta yake, a cikin murhu ita ke dafa tuwon gida, in ta tsallake duwatsun nan uku kuwa, mu mutanen Kano mun san abin da gobara ke yi wa kasuwa.

Akwai kuma wani mutum a filin dambe da ba a yi masa kiɗa, wato mai rabawa. Shi ne ke kutsawa tsakanin ƙarti biyu da suka rungume juna suna huci, wani lokaci naushin da ya kuskure ya sauka a kansa. A da kowace unguwa cike take da irinsa. In yara biyu suka kacame a ƙofar gida, duk babban da ya zo wucewa zai ajiye kayansa ya raba, ya ja kunnen kowa, ba ya tambayar ɗan wa ne. Yanzu sai a yi da'ira a ɗaga waya. In har kuna neman inda za ku gwada zuciyarku a cikin unguwa, ga shi nan kyauta: ku zama masu shiga tsakani tun faɗa yana cacar baki, tun ba a je gida ɗauko wani abu ba.

Sai batun ladabi, wanda shi ne ya fi ba ni sha'awa a al'adar 'yan dambe. Ku saurara in mai sanarwa yana kiran sunaye. Za ku ji Shagon wane, Autan wane, Bahagon wane, Garkuwan wane, Dogon wane. Mutum ya yi suna, ana biyan kuɗi a zo kallonsa, amma sunan ubangidansa na manne da nasa duk inda ya je. Kafin ya kai nan kuwa ya daɗe yana ɗaukar jaka, yana ɗebo ruwa, yana riƙe zare ana ɗaure wa manya hannu, yana shiga wasan share fage tun rana da sauran zafi, lokacin da 'yan kallo ba su gama zuwa ba kuma ba mai liƙa masa ko sisi. A wannan zaman ne yake koyon yadda ake tsayuwa, yadda ake karanta kafaɗar abokin karawa kafin hannu ya taso, yadda ake ɓoye gajiya. Ubangidansa ne zai ce masa yau ka shiga, gobe kada ka shiga. In ya ce kada ka shiga, ko ana zaginka a fili, zama za ka yi. Ba a fafe gora ranar tafiya, kuma wanda ya ƙi zaman koyo ya yi gaggawar sa zare da manya, jikinsa ne zai gaya masa.

Ku 'yan Ƙoƙi ba sai an kai ku Sabon Gari kafin ku fahimci wannan ba, domin a kansa aka gina unguwarku. Kowane yaro a nan ya ji labarin yadda Alhassan Ɗantata ya kai kuɗin azurfa kayan raƙumi 20 banki a 1929, lokacin da bankin Turawa ya buɗe reshe a Kano. Ana ba da labarin raƙuman nan kamar yadda kuke kallon bidiyon kisa, a tsallake duk abin da ya gabata. Mutumin da aka haifa a Bebeji a 1877, mahaifinsa ya rasu yana yaro, ya bi hanyar Gwanja fataucin goro tun yana saurayi, tafiyar watanni, ga 'yan fashi, ga kayan da ke iya lalacewa a hanya in ba a kula da shi ba. Lokacin da jirgin ƙasa ya fara zirga-zirga zuwa Kano a 1912 cinikin gyaɗa ya buɗe, damar ta zo wa mutane da yawa, amma ta tarar da shi ya riga ya san hanya, ya san mutane, mutane sun san amanarsa. Yana da shekara 52 raƙuman nan suka durƙusa a ƙofar banki. Kuma gidajen fatake irin nasa da tsarin ubangida da yaronsa suka tsaya: ka yi shekaru kana aike, kana tsaron kaya, ana gwada ka da kaɗan, kafin a damƙa maka jari. Ta ɓangaren karatu ma haka ne. Malam Mahmudu Ƙoƙi, wanda ya yi aiki da wani Bature mai suna Bargery wajen haɗa babban ƙamus ɗin Hausa da ya fito a 1934, zaman shekaru ya yi ana bin kalmomi ɗaya bayan ɗaya, aikin da ba tafi ba kiɗa. Abin da ke damuna da samarinmu na yanzu shi ne, yaro ya yi wata uku a kanti a kasuwar Kwari ko Singa ko Wambai sai ya ce maigida na bautar da shi, ya tafi neman abin da zai fashe dare ɗaya. Gaskiya ne akwai iyayen gida marasa adalci, masu riƙe yaro shekara da shekaru ba sallama, kuma wannan zalunci ne da ya kamata manya su riƙa tsawatarwa a kansa. Amma maganin mugun ubangida shi ne neman nagari. Zama ba ubangida sam, wannan ba magani ba ne.

Har damben Turawa, mai safar hannu da igiya, a kan wannan ya ginu. Muhammad Ali yana ɗan shekara 12, a 1954, aka sace masa keke a garinsu Louisville ta Amurka. Ya je wurin wani ɗan sanda mai suna Joe Martin yana kuka yana cewa sai ya lakaɗa wa ɓarawon duka. Ɗan sandan, wanda ke koyar da yara dambe, ya ba shi shawarar ya fara koyon faɗan tukuna. Yaron ya yarda. Keke bai dawo ba, ɓarawo bai sha duka ba, amma bayan shekara shida ya ciyo zinare a wasannin Olamfik na birnin Rum a 1960. Ina yawan tunanin wannan labari in na ji an ce an ƙwace wa wani yaro waya shi ma ya je ya sayi wuƙa. Fushin iri ɗaya ne. Bambancin shi ne wane babba fushin ya fara cin karo da shi.

Mu zo kan faɗuwa. Babu ɗan damben da ya daɗe a fili ba a taɓa kai shi ƙasa ba. Shago, wanda Muhammadu Bawa Ɗan Anace ya yi wa waƙar da har yau ake sa ta a rediyo, mutumin da sunansa kaɗai ke sa maza su kwance zare, shi ma labarin ranar da Ɗandunawa ya buge shi yana nan ana ba da shi. Gaba da gabanta. Kuma faɗuwar dambe ba irin wadda ake ɓoyewa ba ce. Gaban ɗaruruwan mutane ake yin ta, ƙura a bayanka, makaɗin abokin karawarka yana zuba take, mutanen ɓangarenka sun sunkuyar da kai, yanzu kuma ga waya ta ɗauka ta watsa duniya. Ba ka da damar cewa alƙali ne ya cuce ka, domin kowa ya ga gwiwarka a ƙasa. Sai ka tashi, ka kaɗe jikinka, ka koma cikin mutanenka a kwance maka zare. Washegari ko bayan mako ka dawo filin nan dai, gaban mutanen nan dai da suka yi maka ihu, ka sake ɗaure hannu. Ban san wata makaranta da ke koyar da haɗiye kunya kamar wannan ba.

A 'yan damben zamani na ƙasar nan, Dick Tiger ne nake so ku sani. Sunansa na yanka Richard Ihetu, mutumin Amaigbo a ƙasar Ibo, kuma kafin dambe kwalabe yake tarawa yana sayarwa a kasuwar Aba. A 1955 ya tafi Liverpool ta Ingila neman sa'a. Karawa huɗu na farko da ya yi a can, duka huɗun aka cinye shi. Ga sanyi, ga baƙunta, ga aikin masana'anta da rana. Da ya haɗa kayansa ya dawo gida, ba mai ganin laifinsa. Ya zauna ya gyara salonsa. A 1958 ya ci kambun ƙasashen renon Ingila, a 1962 ya doke Gene Fullmer ya zama zakaran duniya a ajin matsakaita nauyi, a watan Agustan 1963 kuma ya kare kambun a filin wasa na Liberty a Ibadan, gaban mutanen ƙasarsa. Kafin shekarar ta fita Joey Giardello ya ƙwace kambun. Ya bi shi har 1965 ya karɓo abinsa. A 1966 Emile Griffith ya sake raba shi da shi. Yana da shekara 37, lokacin da tsararrakinsa ke ajiye safar hannu, sai ya haura ajin da ke sama da nasa, ya tari José Torres wanda ya fi shi girman jiki, ya doke shi a watan Disamban wannan shekara ya sake zama zakaran duniya. Yaƙin basasa ya cinye dukiyar da ya tara a gida, har ya yi aikin gadi a wani gidan tarihi a New York, ya rasu a 1971 yana da shekara 42. Ku ƙirga sau nawa mutumin nan ya faɗi.

Dalilin da ya sa na daɗe a kan wannan shi ne, abin da ya fi kayar da samarinmu kunyar faɗuwa ce, faɗuwar ita kanta da sauƙi. Yaro ya zauna jarrabawar JAMB maki bai kai ba, sai ya daina bin layin da abokansa da suka samu ke zama, ya ƙi sake cike takarda don kada a ce sau biyu ya yi. Wani a ba shi jari ya karye, maimakon ya je gaban wanda ya ba shi ya buɗe littafi ya ce ga inda na yi kuskure, sai ya kashe waya ya shiga wasan ɓuya, ya ƙara asarar amana a kan asarar kuɗi, alhali ita ce ba ta dawowa da wuri. Wani ya nemi aure a ba wani, shi ke nan ya ɗauki gaba da gida guda har da 'ya'yan da ba a haifa ba. Daga irin wannan ɓuya ne da yawa ke faɗawa shaye-shaye, domin kwalbar maganin tari ba ta tambayar sakamakon jarrabawa. Ku ma 'yan matanmu maganar ta shafe ku, wadda aurenta ya mutu ko karatunta ya tsaya ta san nauyin idon unguwa fiye da kowa. Abin da ɗan dambe ya gane shi ne, ihun 'yan kallo gajere ne. Kafin a kwance masa zare an shigo da wasu biyun, hankalin kowa ya koma can. Mutanen da kake ɓoye wa fuska, kowannensu na fama da nasa turmin, ba su da lokacin riƙe naka yadda kake zato.

Game da tsoro kuwa, kada wani ya ruɗe ku cewa 'yan dambe ba sa ji. Wanda ya san abin da hannu ɗaurarre ke yi wa haƙori dole gabansa ya faɗi. Yana shiga ne da tsoron a cikinsa, ya hana shi hawa fuskarsa da ƙafafunsa. Kuma akwai wani abu a al'adar fili da ya kamata ku lura da shi. Ɗan dambe kan zagaya ya je gaban wanda yake so ya nuna masa hannu, shi kuma wancan yana da damar ya karɓa ko ya ƙi. Manyan ɓangarensa ma suna iya hana shi in sun ga ba sa'ansa ba ne, ko jikinsa ba daidai yake ba. Za a yi masa 'yar dariya, gobe a manta. Wanda ya san dambe ba ya kiran wannan ragonta, lissafi ne. Ba duk wanda ya nuna maka hannu ne za ka tashi ba. Wani ya zage ka a Facebook, wani ya taka ka a layin mai, wani ya ce unguwarku ta matsorata ce, in ka amsa kowanne ka zama na kowa, duk mai son ganin wasa sai ya taɓa ka.

Nan ne maganar makaɗa ta shigo. Ina son kalangu, kuma duk wanda ya taɓa jin an saki taken wani gwarzo ya san yadda tsikar jiki ke tashi. Amma ku lura, makaɗi ba a naushinsa. Zai kira ka da sunan kakanka, ya tuna maka maza da ka kashe, ya zuga ka har ka ji ƙasa ba ta ɗaukarka, in aka kai ka ƙasa kuma ya gyara ganga ya juya wajen wanda ke tsaye, sana'arsa ke nan, ba laifinsa ba ne. Laifin na wanda ya bari kiɗa ya yi masa lissafi ne. A rayuwarku za ku haɗu da masu zuga da ba su da ko mutuncin makaɗi. Lokacin zaɓe na zuwa, za a zo da mota da 'yan kuɗi da kayan maye, a ce ku ne matasan wane, ku ne zakuna. Mun ga yadda ake ƙarewa tun zamanin da aka fara kiran abin jagaliya: wanda ya sa ku yana zaune da abokin hamayyarsa a ɗaurin auren 'ya'yansu, ku kuwa wani na gidan yarin Kurmawa, wani na asibitin Murtala, wani an kai shi makwanci. Kafin ka tashi don an kira ka namiji, ka duba ko mai kiran zai shiga filin tare da kai.

Kada ku ɗauka duk wannan yabon yana nufin ina tura ku gidan dambe. Wasa ne mai tsada, kuma da jiki ake biya. Muhammad Ali ɗin nan, wanda aka raba da kambunsa a 1967 saboda ya ƙi zuwa yaƙin Biyetnam, ya yi sama da shekara uku ba ya wasa, ya dawo ya kayar da George Foreman a Kinshasa a 1974, shi ne kuma ya yi shekara 32 yana fama da cutar karkarwar jiki har rasuwarsa a 2016, kuma likitoci da dama na ganin dukan da ya sha a ka yana da hannu a ciki. A namu na gargajiya babu hular kariya, kuma zare ya fi safar hannu tauri. Ga tsofaffin 'yan wasa nan muna gani, haƙora sun zube, hannu ya lalace, magana na sarƙewa, wani sai an yi masa ajo an tara masa abin da zai rufa wa kansa asiri. Ga layu da guraye da tsage hannu a zuba magani, abubuwan da wasunsu ke taɓa aƙidar mutum. Ga wiwi da ƙwaya da suka shiga wasu gidajen. Ta fuskar addini kuma akwai hani bayyananne a kan dukan fuska, har majalisar fiƙihu ta Rabiɗa da ke Makka ta ba da fatawar haramta damben zamani a 1987. Wannan ba ƙaramar magana ba ce, kuma duk wanda ya ce muku ba komai bai gaya muku gaskiya ba.

Su kansu rundawan da suka ƙirƙiro wasan ba su ɗauke shi abin dogaro ba. Da asuba suna kwata, da hantsi suna kan teburin nama, dambe na bayan an tashi kasuwa ne, kuma na kaka ne. Ɗan dambe mai fawa in hannu ya gaji yana da wurin komawa. Wanda ba shi da komai sai zare, ranar da ƙaramin yaro ya kai shi ƙasa ranar ce cinikinsa ya fara mutuwa. Haka abin yake ga mai buga ƙwallo da mai waƙa da mai neman suna a TikTok.

Wanda duk da haka ya ji jikinsa na neman inda zai zuba ƙarfi, kuma wannan halal ne ga saurayi, to ya fara da abin da ba ya buƙatar fuskar kowa. Ya tashi bayan sallar asuba ya yi gudu, ya hau Dala ya sauko, ya ga ko zai iya riƙe wannan wata uku ba fashi, domin a nan akasari ake gane mai niyya da mai sha'awar kirari. Kokawa tana nan, ba ta da dukan fuska, kuma maƙwabtanmu na Nijar sun ɗaukaka ta har gasar takobi suke yi ta ƙasa tun 1975. In kuwa lallai sai damben, to ya tambayi malaminsa hukunci tukuna, ya nemi mai koyarwa na ƙwarai a wurin da ake sa safar hannu da hular kariya kuma ba a shan komai, kada ya bar makaranta ko kasuwa saboda shi, sannan ya je ya durƙusa ya gaya wa mahaifinsa da bakinsa. In Baba ya ce a'a, a bar maganar, a koma gudu da ƙwallo.